Ruwa Ba Ci Yake Yi Ba, Awo Yake Yi

Duk sa'ad da labari ya zo cewa kwale-kwale ya kife a Kogin Kwara ko a wani dam, maganganu biyu ne ke fara fitowa daga bakin jama'a. Ta farko ita ce "ruwa ya ci su". Ta biyu kuwa, wadda ake faɗa bayan an yi salati an fara tambayar yadda abin ya auku, ita ce "nauyi ne ya yi yawa". Duka biyun suna da gaskiyarsu, kuma duka biyun suna rufe wani abu da ya kamata a gani. Ta farko ta mai da ruwa mai baki da yunwa, wanda yakan zaɓi ranar da zai karɓi rabonsa, ba mai iya hana shi. Ta biyu ta ɗora laifi a kan nauyi shi kaɗai, sai ka ce duk abu mai nauyi makomarsa ƙasan ruwa, duk marar nauyi kuma makomarsa sama. Abin da nake so in tabbatar shi ne cewa tasowa da nutsewa ba nufin ruwa ba ne, ba kuma halin abu shi kaɗai ba ne. Lissafi ne tsakanin abu da ruwan da ya shiga, lissafin da ba ya sauyawa daga Yawuri zuwa Tafkin Chadi, kuma tun da lissafi ne, ana iya yin sa tun ƙafa tana kan tudu.

Mu fara da nauyi, domin shi ne ya fi saurin ruɗar da hankali. Ƙusa ƙarama, wadda ba ta kai nauyin dabino ba, da an sake ta a randa sai ƙasa. Gungumen da ƙarti shida ba za su iya ɗagawa ba kuwa, ambaliya takan ɗauko shi yana lilo a sama har ya wuce garuruwa. Jiragen dakon kaya da ke shiga tashar Apapa ta Legas da ƙarfe aka ƙera su, suna ɗauke da dubban tan na kaya, amma suna zaune a kan teku daram. In da nauyi ne kaɗai ke yanke hukunci, da ƙusa ce a sama, jirgi a ƙasa. Kwanon tasa ma ya isa shaida. A aza shi a kan ruwa bakinsa na kallon sama, zai zauna. A ɗauki kwanon nan a daddake shi da guduma har ya zama dunƙule, a sake shi, zai nutse nan take. Ko ƙwayar gero ba a ƙara wa nauyinsa ba. Abin da ya sauya shi ne girman gurbin da yake ci a cikin ruwa. Saboda haka tambayar da ta dace ba "nawa ne nauyinsa?" ba ce kawai. Dole a haɗa ta da 'yar'uwarta: "ruwa nawa yake turewa kafin ya shige gaba ɗaya?"

Amsar tana hannun duk wanda ya taɓa jan guga a rijiya. Muddin guga yana cikin ruwa, igiya ba ta da nauyi a hannu, amma da zarar ya ɓullo sama sai a ji kafaɗa ta amsa. Ruwa ne yake tallafe da shi a can ƙasa. Dalili shi ne matsin ruwa yana ƙaruwa da zurfi, don haka ruwan da ke ƙarƙashin abu yana tura shi sama fiye da yadda na bisansa ke danna shi ƙasa. Girman wannan tallafi kuma ba a cikin duhu yake ba. A ƙaddara wani yanki na ruwa mai girman tulu a tsakiyar tafki mai kwanciya. Ba ya hawa, ba ya sauka, wato ruwan da ke kewaye da shi yana riƙe da nauyinsa cif. A cire wannan yanki a sa dutse mai siffarsa da girmansa a gurbin. Ruwan kewaye bai san an yi musanya ba, zai ci gaba da bayar da tallafin da ya saba, wato nauyin ruwan da aka ture. In dutsen ya fi haka nauyi, ya sauka. In gora ce aka sa, wadda ba ta kai haka ba, ta hau har sai abin da ya rage nata a cikin ruwa ya ture ruwa daidai nauyinta. Ruwa kamar mai awo ne a kasuwa wanda ba ya tauye mudu ba ya kuma yin gyara: gwargwadon gurbin da ka ba shi, gwargwadon abin da zai ɗauke maka.

Wannan ƙa'ida ta daɗe a rubuce. Arkimidis, masanin birnin Sirakus na tsibirin Sisili, wanda ya rasu a shekara ta 212 kafin haihuwar Annabi Isa, shi ne ya fara tsara ta a littafinsa kan abubuwan da ke yawo a kan ruwa. Malaman Musulunci ba su tsaya ga karanta ta ba, sun mai da ita kayan aiki. Al-Biruni, wanda aka haifa a shekarar 973, ya yi amfani da wani mazubi mai bututu a gefe, yana sa ƙarfe ko dutse mai daraja a ciki, yana tarar ruwan da ya malalo yana aunawa. Bayansa Al-Khazini, a birnin Marwa, ya rubuta Mizanul Hikma wajen shekarar 1121, inda ya bayyana sikelin da ke bambance zinariya tsantsa da wadda aka yi wa haɗi ta hanyar auna ta a cikin ruwa. Abin da suke nema shi ne nauyin abu gwargwadon girmansa, kuma alƙaluman da aka tabbatar a yau ba su yi nisa da nasu ba. Lita 1 ta ruwan daɗi kilo 1 ce. Ƙarfe mai girman lita 1 ya kusa kilo 8, zinariya ta haura kilo 19, ƙanƙara kuwa ba ta cika kilo 1 ba, gram 917 ce, shi ya sa take tasowa alhali kashi 9 cikin 10 na jikinta yana ɓoye a ƙasa. Jirgin ƙarfe yana tasowa ne domin galibin cikinsa iska ce, idan aka haɗa ƙarfen da iskar aka raba bisa girman jirgin, sai ya zama bai kai ruwa ba.

Tun da lissafin na ɓangare biyu ne, sauyin kowane ɓangare yana sauya sakamako. Mai sayen ƙwan zabi da ke zuba su a ƙwaryar ruwa ta san wannan ko da ba ta sa masa suna ba. Sabon ƙwai yana kwanciya a ƙasa, wanda ya daɗe kuwa danshinsa ya fice ta ƙofofin ɓawo, iska ta maye gurbin, sai ya taso. Wannan sauyi ne a abu. Sauyi a ruwa kuma shi ne gishiri. Lita 1 ta ruwan teku ta kai kilo 1 da gram 25, don haka jirgi ɗaya da kaya ɗaya ya fi zama sama a teku, yana shigowa kogi sai ya ƙara lumewa. A Mataccen Teku da ke gefen ƙasar Jodan, inda gishiri ya ninka na sauran tekuna kusan sau goma, lita 1 ta kai kilo 1 da gram 240, mutum yana kwanciya a kai ko bai taɓa koyon iyo ba. Mutumin nan dai shi ne wanda zai iya nutsewa a kududdufin bayan gari. Wannan kaɗai ya isa ya nuna cewa ba a haifi wani da halin tasowa wani da halin nutsewa ba, ya danganta da abin da aka auna shi da shi.

Jikin ɗan Adam yana tsaye ne a kan iyaka, kuma a nan al'amarin ya fi taɓa rai. Kitse bai kai ruwa nauyi ba, tsoka ta ɗan fi ruwa, ƙashi ya fi shi sosai, huhun babban mutum kuma yana iya ɗaukar iska har kusan lita 6. Idan aka tattara duka, mafi yawan mutane suna tasowa a ruwan daɗi in huhunsu cike yake, suna kuma lumewa a hankali in suka fitar da numfashi. Tsakanin sama da ƙasa ratar kilo biyu ko uku ce kawai. Kan mutum shi kaɗai ya kusa kilo 5, kuma duk gaɓar da aka ɗaga sama da ruwa, ruwa ya daina tallafar ta. Yanzu a dubi abin da tsoro ke sa mutum ya yi idan ya faɗa ruwa. Yana miƙewa tsaye, yana ƙoƙarin fitar da kansa gaba ɗaya, yana ɗaga hannuwa sama, yana kururuwa har iskar huhunsa ta ƙare. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan ragi ne a tallafin da yake samu. Wanda ya kwanta rigingine, ya bar kunnuwansa da ƙeyarsa a cikin ruwa, ya shimfiɗa hannuwa a ƙasa da fuskar ruwan, yana jan numfashi a hankali, ya bai wa ruwa gurbi mafi yawa ya kuma bar hanci da baki kawai a waje. Hausawa sun ce wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi. Gaskiya ne, kuma shi ya sa mai nutsewa yakan danne wanda ya je ceton sa. Abin da yake bukata a miƙa masa ɗan ƙaramin tallafi ne. Jarkar lita 20 marar komai, in an toshe bakinta da kyau, tana ɗauke kusan kilo 19, ta isa ta riƙe kan mutum biyu a sama. Masuntan Argungu da ke kifa ciki a kan babbar gora a Matan Fada sun gaji wannan sani tun kaka da kakanni.

Mai kaifin lura zai ce ga allura, ƙarfe ce tsantsa ba iska a cikinta, amma in aka aza ta a hankali takan zauna a kan ruwa, ga kuma ƙwarin da ke gudu a saman tafki. Wannan ba ya rushe ƙa'idar, wani al'amari ne dabam. Fuskar ruwa tana da ɗan ɗauri na kanta, domin ƙwayoyin ruwa suna riƙe da juna, kuma wannan ɗauri yana iya ɗaukar abu mai tsananin ƙanƙanta. A ɗiga ruwan sabulu a gefe, ɗaurin zai saki, allura ta sauka. Ba ya amfanar mutum, balle jirgi. Wani kuma zai ce, in ruwa ba zaɓi yake yi ba, me ya sa yake riƙe gawa kwana biyu ko uku sannan ya maido ta? Nan ma lissafin ne. Lokacin da huhu ya rasa iska jiki ya fi ruwa nauyi, ya sauka. Bayan kwanaki sai iskar da ruɓewa ke haifarwa ta kumbura jiki, girmansa ya ƙaru ba tare da nauyinsa ya ƙaru ba, sai ya taso. A ruwa mai ɗumi abin yana sauri, a mai sanyi yana jinkiri. Abin da ake kira riƙewa da sakewa, sauyin girma ne.

Hujjar da ta fi ƙarfi tana bakin masu fito. Za su ce kullum ana cika jirgi maƙil ana kuma haye lafiya, sau ɗari, sau dubu, to ina lissafin yake? Amsa ita ce lissafin bai taɓa cewa jirgin da aka cika zai nutse nan take ba. Abin da ya ce shi ne kowane kaya da aka ƙara yana cin wani yanki na tazarar da ke tsakanin bakin jirgi da fuskar ruwa. A ɗauki jirgi mai tsawon mita 10 da faɗin mita 2. Duk santimita 1 da ya lume yana ture ruwa kusan lita 200, wato nauyin manya uku. In aka ƙara mutum 30 a kan kima, an cinye santimita 10 na wannan tazara. Ranar da ruwa ke kwance ba wanda zai ga aibu. Amma tazarar nan ba ta ranar kwanciyar ruwa ba ce, an bar ta ne domin igiyar ruwa, da iskar hadari, da kututturen da ke ɓoye a ƙarƙashin Tafkin Kainji tun da aka tare Kogin Kwara a 1968. Da zarar ruwa ya fara kwararowa ta baki, yana korar iskar da ke riƙe da jirgin, kowace lita da ta shiga tana ƙara sauke bakin, ta buɗe wa ta bayanta hanya. Ga kuma batun inda nauyin yake. Buhuna a ƙasan jirgi suna ƙara masa zama, amma babura da aka jera a sama da fasinjoji a tsaye suna ɗaga nauyin, sai ƙaramin karkata ya zama kifewa, musamman in mutane suka firgita suka ruga gefe ɗaya. Hayewa dubu da aka yi lafiya ba ta nuna jirgin ya iya ba, ta nuna dai ba a gamu da abin da aka bar tazarar dominsa ba.

An kuwa sha gamuwa da shi. A watan Mayun 2021 jirgi ɗauke da mutane fiye da 150 ya nutse a kusa da Wara, cikin ƙaramar hukumar Ngaski ta Jihar Kabi, 'yan kaɗan ne suka tsira. A ƙarshen Nuwamban shekarar, a dam ɗin Watari da ke Bagwai ta Jihar Kano, jirgin da ya taso daga ƙauyen Badau ya kife, aƙalla mutum 29 suka rasu, mafi yawansu ɗaliban Islamiyya da ke kan hanyar zuwa Maulidi. A watan Yunin 2023, a yankin Patigi na Jihar Kwara, mutane fiye da 100 da ke dawowa daga biki suka rasu. A duka ukun an yi maganar lodi fiye da kima. A nan ne mai imani zai ce ajali ne, kuma ba ni da ja a kan cewa rai da mutuwa a hannun Allah suke. Sai dai wanda ya ƙaddara ajali shi ne ya sa wa ruwa wannan ma'auni, ya kuma ba mutum hankalin gane shi. Ba mu barin yaro ya yi wasa a bakin rijiya da sunan ajali, ba mu ƙin shuka da sunan arziki na Allah ne. Yarda da ƙaddara magani ce ga zuciyar wanda aka yi wa rashi. Idan ta zama amsar da ake ba mai tambayar mutum nawa aka zuba a jirgi, an ɗora ta a wurin da ba nata ba, kuma an zalunci yaran da za su shiga jirgin gobe.

Akwai wata hujja da ba ta ƙaryatuwa, ita ce talauci. Mai fito ya fi kowa sanin jirginsa, ba jahilci ne ke sa shi lodi ba. Man inji ya yi tsada, jirage sun yi kaɗan, gada babu, ranar kasuwa ɗaya ce a mako, kuma wanda aka ce ya jira sawu na gaba yakan roƙa da Allah da Annabi a ɗauke shi. Ingila ta taɓa shiga irin wannan hali a ƙarni na 19, lokacin da masu jiragen teku ke cika tsofaffin jirage da kaya, matuƙa suna halaka. Wani ɗan majalisa mai suna Samuel Plimsoll ya dage har aka yi dokar 1876, wadda ta wajabta zana layi a jikin jirgi, in ruwa ya rufe layin to lodi ya wuce iyaka. Da farko an bar wa masu jirage su zaɓi inda za su zana, sai bayan shekaru fiye da goma hukuma ta karɓi wannan aiki. Har yau kowane babban jirgin kasuwanci yana ɗauke da wannan alama, da layi dabam na ruwan daɗi, da na teku, da na lokacin hunturu. Hikimar layin ita ce ya fitar da sanin daga kan mutum ɗaya ya kafa shi inda kowa zai gani. Mai jirgi ya samu abin nunawa ga mai roƙo, fasinja kuma ya samu abin nunawa ga mai jirgi, ba tare da an yi cacar baki a kan wa ya fi sanin ruwa ba.

Ba na cewa fenti zai gina gada, ko ya sauke farashin mai. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kusan mutum 300,000 ne ke mutuwa ta nutsewa a duniya kowace shekara, kuma yara ƙanana suna cikin waɗanda abin ya fi shafa, don haka matsalar ta fi ƙarfin dabara ɗaya. Amma akwai abubuwan da ke hannunmu. Sarakunan ruwa da ƙungiyoyin masu fito suna iya auna kowane jirgi su ja masa layi, su kuma hana tashin wanda layinsa ya ɓace. Rigar kariya da gwamnatoci ke rabawa tana da amfani ne kawai in tana jikin fasinja, ba a ɗaure a buhu ba, inda kuma ba ta kai ba, jarkoki masu murfi ba su fi ƙarfin kowane mashigi ba. Malamin firamare ko na Islamiyya a garin bakin kogi yana iya nuna wa yara ƙa'idar nan da kwano da bokiti cikin rabin sa'a, ya koya musu cewa wanda ya faɗa ruwa ya kwanta rigingine, wanda ke tudu kuma ya jefa abu mai tasowa maimakon ya jefa kansa. Idan an yi haɗari, bayan addu'a da ta'aziyya, ya kamata mu saba da tambayar mutum nawa jirgin zai iya ɗauka, mutum nawa ya ɗauka, wa kuma ya gani ya yi shiru. Tambayoyi ne masu amsa, kuma al'ummar da ta saba yin su a fili za ta rage yawan ranakun da take tsayawa a gaɓar kogi tana jiran masunta su fito da 'ya'yanta.